Kiɗan da Ke Riƙe Numfashi: Tambayoyi da Amsoshi Kan Kiɗan Fina-finan Faɗa

Mota na gudu, harsashi na tashi, kai kuma kana zaune ba abin da ya same ka, amma ka dunƙule hannu, ka matso bakin kujera. In aka tambaye ka dalili, za ka ce faɗan ne ya yi zafi. Rabin gaskiya ke nan. Sauran rabin yana wurin kiɗan da ke tafiya a ƙarƙashin hoton, wanda galibi ba a ma lura da shi. Ga tambayoyin da masu kallo da masu sha'awar haɗa fim suka fi yi a kansa.

Wane kiɗa ake nufi? Waƙoƙin da ke cikin fim?

A'a. Waƙa tana da baiti da amshi, ana iya cire ta a saurara ita kaɗai. Wanda ake magana a kai kiɗa ne zalla, da aka tsara domin wannan fim ɗin, aka kuma yanka shi daidai da kowace fitowa. Mutanen cikin labarin ba sa jin sa. Jarumin da ke sanɗa cikin duhu bai san ana kaɗa masa komai ba, kai mai kallo aka yi wa. A fina-finan Indiya sau da yawa mai tsara waƙoƙi daban ne, mai kiɗan bayan fage daban.

Abin ya girmi magana a fim. Tun zamanin da fim ba shi da sauti, gidajen sinima kan zaunar da mai fiyano a gindin allo yana bin abin da yake gani. A 1913 kamfanin Sam Fox na Amurka ya fara buga littattafan kiɗan da J. S. Zamecnik ya rubuta wa irin waɗannan makaɗa: ga na kokawa, ga na fagen yaƙi, ga na ɓarawo yana lallaɓawa. Da sauti ya shigo, Max Steiner ya nuna a King Kong na 1933 cewa cikakkiyar tawagar makaɗa na iya sa gwaggon birin da aka ƙera da hannu ya zama abin tsoro.

To ta yaya kiɗa ke jefa mutum cikin fargaba?

Ta hanyar sa shi jira.

Kunne ba sauraro kawai yake yi ba, har da hasashe. Ko mutum bai taɓa koyon kiɗa ba, in ya ji kari ya tashi, jikinsa ya san inda ya kamata ya sauka. In ya ji bugu uku a jere, yana jiran na huɗu. Mai tsara kiɗan fim da wannan ɗabi'ar yake cin abinci. Zai ɗaga kari ya ƙi sauke shi. Zai kawo ka bakin amon da kake jira, sai ya kauce. Zai ɗauki gajeren abu guda ya yi ta maimaitawa har ranka ya fara tambayar yaushe zai canza. Kamar roba ce ake ja a hankali kusa da fuskarka: ka san za ta tsinke, ba ka san yaushe ba.

Misalin da ba a iya tsallakewa shi ne abin da John Williams ya yi wa Jaws na Steven Spielberg a 1975, fim ɗin wani ƙaton kifi mai cin mutane. Amo biyu ne kacal, masu kauri, makusantan juna, ana sauya su. Da farko a hankali, da tazara mai yawa a tsakani, kamar wani abu ya motsa can ƙasan ruwa. Sai tazarar ta riƙa raguwa, sai su haɗe su zama gudu. Kifin inji da aka ƙera domin fim ɗin yana yawan lalacewa, shi ya sa ba a cika nuna shi ba, kiɗan ne ya tsaya a madadinsa. Amma gwanintar ba ta tsaya a amon biyu ba. Williams ya fara koya wa mai kallo doka: in ka ji wannan kiɗa, kifi na nan. Ya riƙe dokar da gaskiya, har ma a wurin da wasu yara biyu suka tsorata jama'a da bayan kifi na bogi bai saka kiɗan ba. Sai da mai kallo ya saki jiki ya yarda cewa shiru lafiya ce, sannan kifin ya ɓullo a bayan jirgin ruwa ba tare da an kaɗa masa ko amo ɗaya ba. Daga nan ba sauran wurin hutawa, da kiɗa da shiru duk abin tsoro ne.

Ni na ɗauka sauri da ƙara ne sirrin. Ba haka ba ne?

Suna da nasu aiki, amma kunne yana saurin sabawa. Kiɗan da ya fara a ƙololuwa ba shi da inda zai hau, bayan minti biyu ya zama hayaniya. Kuzari daga bambanci yake fitowa: abin da ake ji yanzu ya fi wanda aka ji ɗazu.

Shi ya sa gwani ke da matakala da yawa ban da ƙara gudu. Yana iya barin bugun yadda yake, ya sa masu goge su riƙa cusa amo huɗu a wurin da suke saka biyu. Yana iya ƙara kayan kiɗa ɗaya bayan ɗaya: goge tukuna, sai ƙaramar ganga, sai manyan ganguna, sai ƙahonin tagulla a ƙarshe. Yana iya ɗaga karin gaba ɗaya sama kaɗan, ko ya riƙa gajarta shi, abin da ke cin daƙiƙa takwas ya koma huɗu, ya koma biyu. Mai kallo zai rantse gudu aka ƙara, alhali bugun bai motsa ba.

John Powell ya yi amfani da wannan salo a The Bourne Identity na 2002: gajeren karin goge mai maimaita kansa, a ƙarƙashinsa ganguna da sautin na'ura. Ya dace da mutumin da ake farauta, wanda ba ya samun damar tsayawa. Ya karɓu har ya zama abin kwaikwayo na shekaru, wasu ma suka riƙa liƙa shi a wurin da ba kowa ke gudu.

Gaskiya ne zuciyar mai kallo tana bin bugun kiɗan?

An faɗi abin fiye da yadda yake. Zuciyar babban mutum a zaune tana bugawa sau 60 zuwa 100 a minti. Kiɗa mai sauri da ƙarfi kan ɗan ɗaga bugunta da numfashi, amma ba wai tana ɗaure kanta da ganga ba ce, in an kaɗa 140 ita ma ta buga 140. Abin da ya fi tasiri shi ne kwaikwayo. In aka saka bugu biyu-biyu masu kauri irin na ƙirji, ko ƙyas-ƙyas na agogo, ƙwaƙwalwa ta san ma'anarsu tun kafin a yi mata bayani.

Firgita kuwa ta gaske ce. Ƙara mai zuwa ba zato tana sa ido ya ƙifta, kafaɗa ta ɗaga, kafin tunani ya iso. Ido ana iya rufe shi, kunne ba shi da murfi.

Me ya sa ake yawan amfani da sauti mai kauri, irin mai girgiza ƙirji?

Domin a duniya manyan abubuwa ne ke yin sa: tsawa, rurin zaki, rushewar gini, babbar mota. Tun kafin mutum ya ga abu, kaurin sautinsa ya gaya masa girmansa. Ga shi kuma kunne ba ya iya gane daga ina sauti mai kauri sosai yake fitowa, sai ya zama kamar ya kewaye ka.

Kunnen ɗan Adam yana jin girgizar iska daga kimanin sau 20 zuwa 20,000 a daƙiƙa. Can ƙasa kusa da 20, jiki ya fi kunne ji. A tsarin sifikokin sinima akwai hanya guda da aka ware wa irin wannan sauti, daga 120 zuwa ƙasa, ita ce ɗigo ɗaya da ke cikin sunan tsarin 5.1, wato hanyoyin sauti biyar da wannan guda ɗaya. Tun a 1974 fim ɗin Earthquake ya zo da tsarin Sensurround, aka jibge manyan sifikoki a sinima domin kujeru su yi rawa lokacin girgizar ƙasa. Wanda ke kallon fim a waya ba da abin kunne ba, wannan ɓangaren gaba ɗaya ya wuce shi, don ƙaramar sifikar waya ba ta iya fitar da shi.

Wannan ƙarar gogen mai sa tsigar jiki tashi fa?

Amo biyu ne da ba sa jituwa aka tilasta musu zama tare. In aka haɗa amo mai girgiza sau 440 a daƙiƙa da mai 880, suna shiga juna lafiya lau, don ɗaya ninkin ɗaya ne. In kuwa aka haɗa 440 da maƙwabcinsa mai 466, sai su riƙa karo, kunne ya ji wani kaushi, ya ƙosa ɗayansu ya matsa. Muddin ba a raba su ba, mai sauraro ba ya samun natsuwa.

Bernard Herrmann ya tsara kiɗan Psycho na 1960 da dangin goge kaɗai, ba ganga ba ƙaho. Daraktan fim ɗin, Alfred Hitchcock, da farko ya so fitowar kisan banɗaki ta tafi ba kiɗa. Herrmann ya rubuta mata duk da haka: gogaye suna sara can sama, a kaikaice da juna, kamar ihu. Da Hitchcock ya ji, ya janye maganarsa. Fina-finan faɗa sun ari dabarar, sai dai sun fi amfani da ita kafin rikici ya ɓarke, wato siririn amo guda da ake ja ana ɗaga shi sannu a hankali yayin da bos ke magana cikin fara'a.

Akwai kiɗan da nake ji kamar yana ta hawa ba ya kaiwa ƙarshe. Kunnena ne?

Ruɗin kunne ne, kuma da gangan aka haɗa shi. Masanin halayyar ɗan Adam Roger Shepard ne ya bayyana shi a 1964. Ana jera amo iri ɗaya a hawa-hawa, na ƙasa, na tsakiya, na sama, duk suna hawa tare. Na saman yana dusashewa a hankali har ya ɓace, a daidai lokacin wani sabo yana shigowa daga ƙasa ba a lura ba. Kunne yana bin na tsakiya, wanda kullum hawa yake. Ana iya yin awa guda a haka ba a isa ko'ina ba.

Hans Zimmer ya gina kiɗan Dunkirk na 2017 a kan wannan. Daraktan fim ɗin, Christopher Nolan, ya naɗi ƙarar agogonsa ya aika masa, aka ɗora ta a ƙarƙashin kiɗan. Sojoji ne a bakin teku suna jiran jirgin da zai kwashe su, abokan gaba na matsowa, saboda haka agogo da hawan da ba ya ƙarewa sun faɗi labarin tun kafin wani ya buɗe baki. A ganina dabara ce mai cin rai in ta yi yawa. Ta yi wa wannan fim daidai ne saboda ƙuncin jira shi ne labarin kansa.

Yaya ake yi kiɗan ya faɗi daidai kan naushi ko fashewar bam?

Da lissafi. Bayan an gama yanka fim, darakta da mai tsara kiɗa da editan kiɗa sukan zauna su kalle shi fitowa bayan fitowa, su yanke inda kiɗa zai shiga, inda zai fita, da wuraren da dole ya buga tare da hoto.

Fim yana tafiya da hotuna 24 a daƙiƙa. In kiɗa na bugu 120 a minti, kowane bugu ya ci hotuna 12 cif. A ce jarumi ya shiga wani dogon lungu a cikin gini, daƙiƙa 47 bayan haka ƙofa ta ɓalle, 'yan bindiga suka shigo. Mai kiɗa yana son ɓallewar ƙofar ta faɗi a kan bugu na farko na sabon zagaye, inda kunne ke jin nauyi. Ya lissafa: a gudun 120, bugu 94 ne suka wuce kafin ƙofar, shi kuma zagayensa na bugu hurhuɗu ne, 96 yake buƙata. Ko dai ya ɗaga gudun zuwa kusan 122 da rabi, wanda ba mai kallon da zai gane, ko ya yanke bugu biyu daga zagaye na ƙarshe. Na biyun ya fi daɗi sau da yawa, don ƙofar za ta ɓalle kafin lokacin da jikinka ya shirya mata.

Ranar naɗi, kowane makaɗi yana sanye da abin kunne yana jin ƙyas-ƙyas da ke riƙe masa gudun, shugaban tawaga kuma yana kallon fim ɗin a allo. Abin da masu wannan sana'a ke kuka da shi shi ne a dawo a sake yanka fitowar bayan sun gama: an cire daƙiƙa uku, lissafi ya rushe.

Wani lokaci kuma a juya tsarin. Ennio Morricone ya rubuta kiɗan Once Upon a Time in the West na 1968 tun kafin a fara ɗauka, darakta Sergio Leone ya riƙa kunna shi a wurin aiki, 'yan wasa da kyamara suna tafiya a kansa. A nan kiɗa ne ya sauya, rawa ta bi.

Ke nan kowane motsi sai kiɗa ya raka shi?

In aka yi haka, fim ya koma katun. A zane-zanen barkwanci ne ake kaɗa wa kowane taku da kowace faɗuwa. A faɗa na gaske, gwani kan zaɓi wurare biyu ko uku ya buga su da ƙarfi, sauran ya bar kiɗan ya bi abin da ke ran jarumi: yana rinjaye ne, ko ƙarfinsa ya fara ƙarewa?

Akwai ma inda kiɗan ke juya wa hoto baya ɗungurungum. A Platoon na 1986, ana harbin wani soja yana gudu yana faɗuwa, abin da ke tashi kuwa kiɗan goge ne mai sanyi da jan rai na Samuel Barber. Da an saka ganguna, da mai kallo ya ji daɗin harbin. Da aka saka wannan, sai ya ji asara.

In kiɗa na da wannan ƙarfi, me ya sa wasu manyan fitowar faɗa ba su da shi sam?

Saboda cire shi ma aikin mai kiɗa ne, wani lokaci shi ne mafi wuya.

Dubi tseren motoci na Bullitt, 1968, a titunan San Faransisko masu hawa da gangara. Kafin tseren, motoci biyu ne ke bin juna a hankali cikin gari, Ford Mustang ta ɗan sandan da Steve McQueen ya fito a matsayinsa, da Dodge Charger ta 'yan kisa. Kiɗan Lalo Schifrin yana tafe da su a natse, yana ƙara nauyi kaɗan-kaɗan. Direban Charger ya duba madubi, ya ga wanda suke bi ya dawo bayansu. Ya jawo bel ɗin kujera ya ɗaura. Ya taka wuta, taya ta yi ƙara, kiɗa ya ɗauke. Kimanin minti 10 da suka biyo baya ba abin da ake ji sai rurin inji, kukan taya, da ƙarar mota in ta dira bayan ta yi tsalle a kan tudu. Kiɗan ya riga ya gama aikinsa na ɗaure mai kallo, ya miƙa wa inji.

Haka musayar wutar da ke cikin Heat na 1995. Kiɗa ya raka 'yan fashi cikin banki, da suka fito titi harbi ya fara sai aka bar ƙarar bindigogi kaɗai. Darakta Michael Mann ya zaɓi sautin da aka naɗa a wurin, da amsa-kuwwarsa tsakanin dogayen gine-ginen Los Anjelis. A Saving Private Ryan na 1998 ma, saukar sojoji a gaɓar tekun Nomandi ta fi minti 20 ba kiɗa, duk da cewa John Williams ne mai kiɗan fim ɗin.

Dalilin ɗaya ne. Kiɗa, ko mai ban tsoro ne, yana raɗa maka cewa akwai wanda ke riƙe da labarin, ya san inda za a. In aka ɗauke shi, an bar ka kai kaɗai da harsashi.

Mene ne amfanin taken jarumi ko na bos?

Yana gajarta bayani. Da zarar an ɗaura wa mutum wani kari, jin karin kaɗai ya isa a san ya iso, ko yana hanya, ko ana tunaninsa. Taken James Bond, da Monty Norman ya rubuta, John Barry ya tsara, yana aiki tun Dr. No na 1962. Na Mission: Impossible da Schifrin ya yi wa shirin talabijin a 1966 yana tafiya da bugu biyar-biyar maimakon hurhuɗu da kunne ya saba, shi ya sa kullum kamar yana tuntuɓe gaba. Domin Black Panther na 2018, Ludwig Göransson ya je Senigal ya bi mawaƙi Baaba Maal yawon wasa, ya ba sarkin labarin tama, 'yar uwar kalangu, wadda ke kiran sunansa da amonta. Aikin ya ci kyautar Oscar.

Amma wurin da take ke biyan kuɗinsa shi ne inda aka hana ka shi. A ba ka gutsurensa a farko, a ba ka shi a raunane lokacin da jarumi ya sha kashi, a ɓoye shi na rabin awa. Sai ya miƙe daga ƙasa jina-jina, a sake shi cikakke da dukkan ƙahoni. Ihun da ake yi a sinima a wannan lokaci, rabinsa na kiɗan ne. Masu fina-finan kudancin Indiya sun ƙware a nan, shigowar jarumi kaɗai sukan gina mata kiɗan da ya fi wasu waƙoƙin fim ɗin farin jini.

Akwai lokacin da mutanen cikin fim ke jin kiɗan?

Akwai. A Mad Max: Fury Road na 2015 rundunar azzalumin sarki tana tafe da motar makaɗanta, masu ganguna a baya, mai jita mai aman wuta a gaba. Sautinsu yana narkewa cikin kiɗan Tom Holkenborg, har ba ka iya cewa ga inda na cikin labari ya tsaya, na mai kallo ya fara.

Me ya sa ba a cika saka waƙa mai kalmomi ana tsakiyar faɗa ba?

Kalma tana jan hankali zuwa ga ma'anarta, ta yi kishi da maganar 'yan wasa. Ga shi tana ƙayyade maka abin da za ka ji, shi kuwa kiɗa zalla yana barin ka ka cika da naka. In ana son ƙarfin muryar ɗan Adam ba tare da wannan matsala ba, sai a sa taron mawaƙa su rera da harshen da mai kallo ba ya ji. Williams ya yi haka da harshen Sanskirit a faɗan takubba na Star Wars na 1999. Murya ta zama kayan kiɗa kawai.

Ni dai kiɗan fina-finan faɗa na yanzu duk iri ɗaya nake jin su. Laifin wa?

Ba kunnenka ba ne. Babban dalili shi ne kiɗan aro. Edita ba ya son yanka faɗa a bushe, sai ya ɗauko kiɗan wani fim ya ɗora na wucin gadi. Darakta ya yi watanni yana kallon aikinsa da wannan kiɗa har ya shiga ransa. Ranar da mai tsara kiɗa ya zo, sai a ce masa: yi mana irin wannan, amma kada ya zama shi. Fim na gaba kuma ya ari nasa. Matsalar tsohuwa ce, Stanley Kubrick ya ajiye kiɗan da Alex North ya rubuta wa 2001: A Space Odyssey na 1968 ya riƙe tsofaffin kiɗan da ya saba ji a kai.

Sai tallan fim. Wannan ƙaton rurin ƙaho guda da ya yi tashe bayan Inception na 2010, wanda har yau ana jayayya kan wanda ya fara shi, ya mamaye tallace-tallace na shekaru. Akwai kamfanonin da sana'arsu ke nan, yin kiɗan talla, kamar yadda Two Steps from Hell da aka kafa a 2006 ya yi shekaru yana yi, shi ya sa sau da yawa kiɗan da ya ja ka a talla ba ka samun sa a cikin fim ɗin.

Akwai kuma dalilin da ba laifin kowa ba. Fashewa, inji da harbi sun cinye wurin da kari mai daɗi zai zauna. Abin da ke iya ratsa wannan hayaniya shi ne bugu da gajeren maimaici, sai kowa ya koma can.

Me ya sa a gida nake ƙara murya in ana magana, in rage in faɗa ya tashi?

Don an haɗa sautin ne domin ɗakin sinima, inda ake son tazara mai faɗi tsakanin raɗa da fashewa, kuma magana tana da sifikarta ta tsakiya ita kaɗai. Talabijin mai ƙananan sifikoki biyu yana matse hanyoyi shida su koma biyu, magana ta nutse. Yawancin talabijin da na'urorin sauti suna da saitin dare ko na fito da magana, wanda ke rage wannan tazara.

Mai ƙaramin jari da ke son haɗa fim ɗin faɗa, zai iya ɗauko kiɗan wani babban fim ya saka?

Kiɗan yana da mai shi, ɗauka ba izini keta haƙƙin mallaka ne. YouTube na da tsarin Content ID tun 2007, yana gane kiɗan da aka yi wa rajista, ya toshe bidiyon ko ya karkatar da kuɗin tallansa zuwa ga mai kiɗan. Ban da shari'a ma, kiɗan da aka yanka wa wata fitowa ba ya zama daidai a kan wata, zai yi ihu a inda ba abin da ya faru, ya yi sanyi a inda ake mutuwa. Mai kallon da ya san asalin fim ɗin kuwa, hankalinsa ya bar naka ya koma can.

Akwai rumbunan kiɗa da ake sayen lasisinsu da araha, akwai kuma matasa masu kwamfuta da fiyano da za su yi maka naka. Ka zauna da shi ku kalli fitowar a bushe tukuna, ku nuna wuri ɗaya da ya fi ko'ina zafi, ku gina komai zuwa can, ku kuma yarda ku bar wasu wuraren ba kiɗa. Ba sai da makaɗa 80 ba. John Carpenter da kansa ya haɗa kiɗan Assault on Precinct 13 na 1976 da na'urar haɗa sauti cikin 'yan kwanaki. Brad Fiedel ya yi na The Terminator na 1984 da irin waɗannan na'urori, ƙarar ƙarfen da ke cikin taken kuwa kaskon suya ya buga ya naɗa. Da ya zo ɗaure zagayen bugun a na'ura, hannunsa ya ɗan riga lokaci, zagayen ya fito da ɗingishi. Ya saurara, ya ji ya dace da injin da ke farautar mutum, ya bar shi a haka.